Laifin Lauya, Gonar Manomi: Nazarin Wani Hukunci na 1981

Idan aka kira ƙarar da aka ɗaukaka a kotun Indiya, mai ita bai amsa ba, dokar ƙasar ta 1908 mai tsara shari'ar dukiya ta ba alƙali ikon korarta nan take. Bai buɗe takardar gona ba, bai tambayi iyaka ba, bai ce wane ne mai gaskiya ba. Gyaran 1976 ma ya hana shi taɓa gundarin ƙarar a wannan hali. Duk da haka hukuncin kotun ƙasa ya zauna daram, wanda ya ci a can kuma sai ya tafi neman a damƙa masa filin.

Wannan ne Mai Shari'a D. A. Desai na Kotun Ƙolin Indiya ya ƙi yarda da shi a 1981, bayan Babbar Kotun Allahabad ta kori wata ƙara don lauya bai zo ba. Ƙarfin hukuncinsa yana cikin tambaya ɗaya da doka ta tsallake: wa ya ƙi zuwa? A matakin ɗaukaka ƙara ba a sauraron shaidu, lauyoyi ne ke magana. Ɗan ƙauyen da ya ba da takardunsa, ya biya lada, ya koma gona, ya gama nasa. Sai kotun ta maido da ƙarar, ta ce a karɓi rupi 200 na kuɗin ɗawainiya daga aljihun lauyan. Kuɗin kaɗan ne, amma ya sauka a kan mai laifin.

Rauninsa, a ganina, daga tausayinsa ya fito. Ya zana mai ƙara talaka ne wanda bai san kotu ba, ya mance cewa a rikicin ƙasa jinkiri ribar wani ne. Wanda filin ke hannunsa yana girbe shi kowace damina, ko yana karɓar haya kowane wata. Gare shi, a kori ƙara a maido da ita, a sake kora a sake maidowa, ai gaba ta kai shi. Shi ya sa a 1993 kotun ta ja linzami, ta ƙi karɓar irin wannan uzuri daga wani kamfani a rikicin haya, ta ce hukuncin farko ba ƙa'ida ba ce mai rufe kowa.

Manomin na gaskiya kuwa ba a gama ceto shi ba. Dokar wa'adi ta 1963 ta ba shi kwana 30 ya nemi a maido da ƙararsa, kuma daga ranar korar ake ƙirgawa, ba daga ranar da labari ya iske shi ba. Lauyan da bai je kotu ba da wuya ya aika ƙauye ya tona kansa. In wa'adin ya wuce, sai manomin ya ɗauki wani lauyan, ya biya wata ladan, ya roƙi alƙali ya yafe makarar.