Littafin da Ya Tono Asalin Makarantar Gwamnati

Wallahi na daɗe ban riƙe littafin da ya hana ni barci kamar Raised to Obey ba. Farfesa Agustina Paglayan ce ta rubuta shi, 'yar asalin Ajantina mai koyar da kimiyyar siyasa a Jami'ar Kalifoniya da ke San Diego, Maɗaba'ar Jami'ar Princeton kuma ta fitar da shi a 2024. Ma'anar sunan ita ce an rene su don su yi biyayya. Duk wanda ya taɓa shiga layin asambuli da sanyin safiya, aka duba masa farce da yunifom, ya rera taken ƙasa, monita na rubuta sunayen masu surutu, to labarinsa ne a cikin wannan littafi.

Tambaya ɗaya tak baiwar Allahn nan ta ɗauko: me ya sa gwamnatoci suka fara kashe kuɗi wajen karantar da 'ya'yan talakawa? Amsar da aka saba ji ita ce dimokuraɗiyya ta kawo haka, ko kuma masana'antu ne suka buƙaci ma'aikata masu karatu. Sai ta tattaro bayanan ƙasashe na kimanin shekara 200 ta auna waɗannan amsoshi, suka kasa tsayuwa. Ta gano cewa gwamnatoci sun fara riƙe ragamar firamare wajen ƙarni guda kafin dimokuraɗiyya ta iso, kuma a kashi uku cikin huɗu na ƙasashen da suka rungume ta, yawancin yara sun riga sun samu makaranta tun kafin a ba iyayensu ƙuri'a. Ingila, uwar masana'antu, sai a 1870 ta yi dokar firamare ta ƙasa. Farusiya kuwa, ƙasar manoma da ke ƙarƙashin sarki mai cikakken iko, ta yi tata tun 1763. To me ya tunzura su? Tsoro, in ji ta. Tsoron bore, tsoron talakan da ya fara ɗaga kai. Masu mulki sun ga bindiga da kurkuku ba sa isa, sai suka ce a kama yaro tun yana ɗanye a koya masa ladabi da biyayya. Icce tun yana ɗanye ake tanƙwara shi, su ma sun san wannan.

Labarin Farusiya ya fi komai ɗaukar hankalina. Manoma sun yi ta tayar da ƙayar baya ga masu gonaki, ga kuma Yaƙin Shekara Bakwai da ya ƙare a 1763. A wannan shekarar Sarki Frederick na Biyu ya sa hannu a dokar makarantun karkara, wadda wani malamin coci, Johann Julius Hecker, ya tsara. Dubi yadda dokar ta shiga har cikin gida. Yaro zai fara zuwa tun yana ɗan shekara 5 har ya kai 13 ko 14. Uban da ya hana ɗansa zuwa za a ci shi tara. Malami zai riƙe rajistar masu zuwa da masu fashi, limamin coci zai riƙa leƙowa ya ga abin da ake koyarwa. Har kiwo sai da suka yi wa tanadi: ƙauye ya ɗauki makiyayi, kada a fake da shanu a hana yara aji. Da addu'a da waƙar coci ake buɗe darasi, haddar tambayoyin addini ita ce ƙashin bayan karatun. Shi kansa sarkin, a wata wasiƙa ta 1779, ya nuna ba ya son 'ya'yan ƙauye su san abu da yawa, don kada su gudu birni neman aikin akawu. A koya musu abin da zai zaunar da su a gona, shi ke nan. Da na kai nan sai da na ajiye littafin na yi ta jinjina kai.

Daga nan ta wuce Faransa. An yi juyin juya hali a Yulin 1830, masaƙan siliki na birnin Lyon suka yi bore a 1831, kuma a wannan shekarar aka aiki wani masani, Victor Cousin, ya je ya gano yadda Farusiya ke tafiyar da makarantunta. A 1833 minista François Guizot ya kawo dokar da ta wajabta wa garuruwa buɗe firamaren yara maza, kowane lardi kuma ya tanadi kwalejin horar da malamai. Ya bi dokar da wasiƙa zuwa ga malaman ƙasar yana tuna musu cewa zaman lafiyar jama'a na cikin aikinsu. A lokacin kuwa attajirai ƙalilan ne kawai ke da ikon zaɓe, kuma Guizot na cikin masu son a bar abin haka.

Amma inda ta nuna gwaninta sosai shi ne Chile. A 1859 an yi yaƙin basasa, masu haƙar ma'adinai na Copiapó a yankin Atacama suna kan gaba wajen yi wa gwamnatin Manuel Montt tawaye. Gwamnati ta murƙushe su, shekara na zagayowa, a 1860, ta kafa babbar dokar firamare. Da wani marubucin ne, nan zai tsaya ya ce ga hujja. Ita ina! Sai ta shiga tsofaffin takardun gwamnati ta bi lardi-lardi tana ƙirga inda aka gina makarantu, ta tarar an fi tura su lardunan da suka yi tawaye. Wannan shi ne bincike, jama'a! Ba ta ce ka yarda da ita don ta iya magana ba, ta shimfiɗa maka ƙididdigar ka gani da idonka. Ƙasarta Ajantina ma ba ta ɗaga mata ƙafa ba: rikicin 1880, sai dokar firamare mai lamba 1420 a 1884.

Turai da nahiyar Amurka littafin ya fi mayar da hankali a kai, amma ina karantawa zuciyata tana gida. An gama yaƙin basasar Nijeriya a 1970. A 1973 aka kafa hidimar ƙasa, aka ƙara yawan kwalejojin gwamnatin tarayya don haɗa kan 'yan ƙasa. Shirin ilimin firamare kyauta ga kowa, wato UPE, gwamnatin soja ce ta ƙaddamar da shi a 1976, zamanin Janar Obasanjo, ba gwamnatin zaɓe ba. A shekarar ce kuma yara suka fara karanta alkawarin biyayya ga ƙasa kowace safiya. Wannan fahimtata ce, ba maganar marubuciyar ba, amma ita ta ba ni idon ganin haka. Makarantar da Baturen nan Ɗan Hausa ya buɗe a Nasarawa ta Kano a 1909 tata manufar daban ce, domin 'ya'yan sarakuna da malamai aka fara nema don aikin En'e, ba ɗaukacin talakawa ba. Duk da haka ita ma lissafin mulki ne ya haife ta.

Abin da ya ƙara mini ƙaunar littafin shi ne ba zagin makaranta ta zo yi ba. Damuwarta yara ne. Tana tambayar dalilin da ya sa a ƙasashe da yawa yaro ke shekaru a aji ya fito bai iya karanta jimla ba, sai ta nuna cewa tsarin da aka gada, daga horar da malamai har zaman aji, an gina shi ne don samar da mai biyayya kafin mai tunani. Ta kuma nuna cewa ƙasashen dimokuraɗiyya ma ba su bar wannan hali ba. Ni da na ga ajin da yara ke amsa "mun gane" da ƙarfi baki ɗaya alhali babu mai ƙarfin halin ɗaga hannu ya yi tambaya, wannan bayani ya ratsa ni.

Ga kuma daɗin karatu. Turancinta a miƙe yake, ba ta ɓoye ma'ana a bayan manyan kalmomi, ko da ta kawo ra'ayoyin masana irin su Hobbes da Locke da Rousseau kan tarbiyyar yara sai ka ji kamar hira take yi da kai. Malaman firamare, hedimastoci, ɗaliban kwalejin ilimi, 'yan majalisar da ke zama kan kasafin ilimi, don Allah ku neme shi. Babban burina shi ne wani gwanin fassara cikin malaman jami'o'inmu na Kano ko Zariya ko Sakkwato ko Damagaram ya nemi izini ya mayar da shi Hausa, gidajen rediyonmu su riƙa karanta shi babi-babi, a buɗe layin waya iyaye da malamai su kira su faɗi nasu.