Cibiya da Saƙa: Nazarin Matsayin Lu'ulu'u da Itatuwa a Duniyar Thra

1.0 Gabatarwa

Manazarta ƙagaggun labarai sun saba bambanta wuri da tauraro: wuri shi ne fagen da abu ya auku, tauraro kuwa shi ne wanda abin ya auku gare shi. Akwai labaran da wannan rabo ba ya wadatar da su. Wannan maƙala za ta dubi ɗaya daga cikinsu, wato labarin duniyar Thra, wadda aka fara nunawa a fim ɗin The Dark Crystal na Jim Henson da Frank Oz a 1982, aka kuma faɗaɗa ta a shirin Age of Resistance mai kashi 10 wanda Louis Leterrier ya ba da umarni, Netflix ta fitar a 2019. Dukansu da 'yan tsana aka shirya su. Abin da za a nuna shi ne, ayyukan biyu ba su ɗauki lu'ulu'un da ke riƙe da ran Thra da ma'ana guda ba, kuma wannan saɓani ya taɓa jigon labarin.

2.0 Lu'ulu'u a Matsayin Cibiya

A fim ɗin 1982, lu'ulu'un yana rataye a tsakiyar fada. Shekara dubu kafin labarin ya tsage, wani ɓantare ya fita daga jikinsa, halittun da ake kira urSkek suka rabu biyu: azzalumai Skeksis da salihai urRu. Kowane Skeksis yana da takwaransa. Da Jen, tauraron fim ɗin, ya yanki ɗaya daga cikinsu a hannu, sai jini ya fito a hannun takwaran nasa da ke can nesa. Wannan ita ce alaƙar da fim ɗin ya nuna ƙuru-ƙuru, kuma tsakanin halittu take. Dangantakar dutsen da ƙasa kuwa, bakin mai ba da labari ne ya fi ɗaukar nauyinta. Mai kallo yana ganin ƙeƙasasshiyar ƙasa kewaye da fada, a ƙarshe ya gan ta kore shar, amma ba a nuna masa hanyar da cutar ta bi ba. Saboda haka maganin ma guda ne: a mayar da ɓantaren gurbinsa a daidai lokacin da ranakun Thra uku suka haɗu. Zubin ya yi daidai da na tatsuniya, inda abu ɗaya da ya ɓata kan tsayar da komai har sai an samo shi.

3.0 Lu'ulu'u a Matsayin Saƙa

Shirin 2019 ya koma baya ne ga zamanin da ƙabilun Gelfling bakwai suke raye. A nan dutsen ya yi jijiyoyi da suka ratsa ƙarƙashin ƙasa, suka cuɗanya da saiwoyin itatuwa. Yayin da Skeksis suke tatsar ƙarfinsa, wata cuta mai launin shunayya, wadda za a kira Duhu a nan, tana bin waɗannan jijiyoyi. Tsiro ya sha, dabba ta ci tsiron ta haukace. Wadda ta fara ganin haka ita ce Deet, 'yar ƙabilar da ke zaune a koguna, wato wadda ta fi kowa kusa da saiwa. Wannan zaɓi na mawallafan ya yi armashi ƙwarai. Itaciya ce ta yi mata magana, ta nuna mata abin da ke tafe, ta aike ta da gargaɗi. Ashe ke nan wuri ya tashi daga zama fage, ya zama mai ji, mai ciwo, mai aike.

Abin lura ga masana harshe shi ne, saƙon da ke bin wannan saƙa ba ya buƙatar kalma. Itaciyar hoto ta zuba wa Deet a zuci, kamar yadda Gelfling biyu kan haɗa tafin hannu kowa ya ga abin da ɗan'uwansa ya gani. Ƙarya kuwa da baki ake yin ta, kuma Skeksis ne gwanayenta. (Henson da farko ƙagaggen harshe ya sa wa Skeksis, sai da aka gwada fim ɗin ga 'yan kallo sannan aka mayar da maganarsu Ingilishi.) Ana iya kwatanta wannan da fim ɗin Avatar na 2009, inda aka sa masaniyar kimiyya ta tsaya tana bayanin yadda saiwoyin itatuwan Pandora suke sadarwa. Thra ba ta yi wa kowa lacca ba, kuma ta fi tasiri saboda haka.

Mai karatu Bahaushe ba zai rasa abin kamawa ba. Ruwan ran da Skeksis suke tsotsewa daga jikin bayinsu da hasken dutsen ya yi kama da kurwar da ake cewa maye yana kamawa, har ma al'adar ta danganta maita da ƙanƙara. Haka nan itaciya mai magana ba baƙuwa ba ce ga wanda ya san matsayin kuka da tsamiya a zancen iskoki. Sai dai kamar ta tsaya a nan. Maye mutum guda yake ci, a tilasta masa ya tsallake shi ya warke. Cin da Skeksis suke yi kuwa yana bin ƙasa ya iske wanda bai taɓa ganinsu ba.

A nan ne matsalar ta taso. Tun da shirin 2019 share fage ne ga fim ɗin 1982, dole ƙarshensa ya kai ga ɓantare guda da hannu guda. To amma cutar da ta shiga saiwa, ta kashe itace, ta sauya halin dabbobi, da wuya mai kallo ya yarda cewa toshe tsaga ɗaya zai share ta cikin ƙiftawar ido. Faɗaɗawar ta ƙara wa labarin nauyi, ta kuma rage wa warwararsa ƙarfi. Mawallafan da kansu kamar sun farga. Itaciyar da ta aiki Deet ta ba ta ikon zuƙe Duhu kafin ta mutu, kuma da wannan iko aka kori Skeksis a yaƙin kashi na ƙarshe. Amma abin da ta zuƙa bai bar jikinta ba. An nuna ta tana shiga daji ita kaɗai, ganyaye suna bushewa a inda ta bi, alhali 'yan'uwanta suna murnar nasara. An dakatar da shirin a 2020, don haka a bakin dajin nan labarin Deet ya tsaya a talabijin.