Wesley Morris, mai auna waƙa da fim

Mai karatu, ka san maroƙi. Ka ba shi riga, ya ce kai ne zaki. Ka hana shi, gobe ya yi maka zambo a kasuwa. To akwai wata sana'a mai kama da tasa, amma ba ita ba ce. Mai ita yakan saurari waƙa ko ya kalli fim, sannan ya gaya wa jama'a: nan an yi gwaninta, nan an yi ha'inci. Ba mawaƙin ke biyansa ba, jarida ke biyansa. Ana ce masa mai sharhi. Yau zan ba ka labarin ɗaya daga cikinsu, wani baƙar fata ɗan ƙasar Amurka, sunansa Wesley Morris. Zan kuma auna aikinsa yadda shi ma yake auna na wasu.

An haife shi a 1975 a birnin Filadelfiya. Ya yi karatu a wata lakwal ta kwana, Girard College, wadda wani attajiri ya bar wasiyya a gina wa marayu. Amma wasiyyar ta ce marayu maza farar fata kaɗai. Sai a 1968 shari'a ta sa aka buɗe ƙofa ga baƙaƙe, shekara 7 ke nan kafin a haifi Morris. Ya gama jami'ar Yale a 1997. Ya yi aiki a jaridun San Faransisko, a 2002 ya koma jaridar Boston Globe yana sharhin fim, a 2015 kuma ya shiga New York Times. A Amurka akwai wata babbar kyauta ta ƴan jarida, ana ce mata Pulitzer. Ya ci ta a 2012, ya sāke ci a 2021. Kafin shi ba wanda ya ci ta sau biyu a fannin sharhi. Ta biyun dala 15.000 ce, dalar Amurka fa, ba irin tamu ba.

Ba rubutu kaɗai yake yi ba. A 2016 shi da J Wortham, dukansu ma'aikatan jaridar, suka fara wani shiri mai suna Still Processing. Irin shirin nan ana ce masa podkas. Hira ce ake ɗauka kamar a kaset, a sa ta a intanet, ka saurara a salularka lokacin da ka ga dama. A 2025 ya fara wani sabo, Cannonball.

Yanzu bari in nuna maka yadda yake aiki, da labarin fim biyu.

Na farko ya fito a 1989, sunansa Driving Miss Daisy. Wata tsohuwa ce farar fata a birnin Atlanta, ɗanta ya ɗaukar mata direba baƙi. Da farko ba ta ko son ganinsa. Shekara 25 yana tuƙa ta, har ta ce shi ne amininta. Fim ɗin ya ci Oska, babbar kyautar sinima ta Amurka. A wannan shekarar Spike Lee, wani baƙi mai shirya fim, ya fitar da Do the Right Thing, inda ƴan sanda suka shaƙe wani saurayi baƙi har ya mutu, unguwa ta yamutse. Shi ko cikin jerin masu neman kyautar fim mafi kyau ba a sa shi ba.

Na biyu ya fito a 2018, sunansa Green Book. Nan an juya kujera: direban fari ne, maigidan baƙi, wani gwanin kiɗan fiyano, Don Shirley. A 1962 suka zaga kudancin Amurka, inda baƙi ba ya kwana masauki ɗaya da fari. Suka fara da ƙyama, suka ƙare da aminci. Mutane da yawa sun ji daɗinsa.

A watan Janairu na 2019 Morris ya rubuta cewa fim biyun nan labari guda ne. Ya ce a duba da kyau, a duka biyun ɗaya yana biyan ɗaya albashi. Amincin da aka nuna, da kuɗi aka fara shi. Kuma irin wannan fim yana sa mai kallo ya koma gida da sanyin zuciya, yana ganin wariyar launi ta ƙare tunda mutum biyu sun shirya cikin mota. Dokar da ta hana baƙi masauki kuwa a wancan lokacin tana nan yadda take. Bayan wata ɗaya Green Book ya ci Oska, ya kayar da wani fim na Spike Lee.

Ni dai da farko ban yarda da shi duka ba. Kai ma ka sani, akan yi bara da ubangida su shekara 30 tare, amana ta shiga tsakaninsu ta gaske. Albashi ba ya hana zumunci. Amma sai na tambayi kaina: wa ya ba da labarin? Ɗan direban nan fari yana cikin waɗanda suka rubuta Green Book, kuma dangin Shirley sun fito sun ce ba haka ɗan'uwansu yake ba. Nan na ga Morris yana da hujja.

Kada ka ɗauka nasa kawai yake karewa. A 2018 ya ba da labarin wata liyafar cin abinci, inda ya kushe wani wasan talabijin da wata baƙar mace ta shirya, aka taso masa. Ya rubuta doguwar maƙala yana cewa mutane sun fara barin tambayar ko aiki ya yi kyau, sun koma tambayar wa ya yi shi. In namu ne, ba a taɓa shi. Shi kuwa yana ganin wanda ka ƙi gaya wa kuskurensa don tausayi, ba ka ɗauke shi gwani ba. A ganina wannan ya fi sharhin Green Book wuya, don sukar na nesa ba ta raba ka da abokan cin tuwo.

Inda podkas ya fi takarda shi ne wajen waƙa. A 2019 jaridarsa ta tuna shekara 400 da kai bayi daga Afirka zuwa Bajiniya, a 1619. Morris ya ɗauki fannin kiɗa. Ya fara da waƙoƙin fararen mawaƙa na wajen 1980, ya sa ka ji salon baƙaƙe a cikinsu. Sannan ya koma wajen 1830, lokacin da wani fari, Thomas Rice, yake shafa baƙi a fuska, ya hau dandali yana kwaikwayon rawar bayi, ana dariya ana biyansa. Masu irin wannan wasa sun ɗauki banjo, abin kiɗan da bayi suka ƙera, dangin molo da gurmi. A takarda sai dai ka yarda da maganarsa. A podkas kunnenka ne shaida.

Yana da nasa aibi. Maganarsa tana yawo: ya fara da waƙa, ya faɗa fim, ya ɓulla ga gashin bakinsa, wanda ya taɓa rubuta maƙala guda a kansa a 2020. Yakan jero sunayen ƴan wasa kamar kowa a duniya ya girma a Amurka, wanda bai san su ba sai ya ɓace a hanya. A hirarsa da Wortham kuma, sau da yawa dariya da yarda da juna kan dushe kaifin da yake da shi a rubuce. Ga kuma babbar matsala gare mu: duk da Ingilishi yake yi. Sai ka sami ɗan lakwal mai jin harshen ya zauna kusa da kai, yana tsayar da salula yana fassara maka.